Tsirkiya Ɗaya Tsakanin Duniya Biyu: Nazari Kan Gogen Bori

Bara da kaka, ina Dogo-Dogo, wani ɗan ƙanwata ya miƙo mini salularsa in kalli wani fim na Amurka da aka yi wa fassarar Hausa. Wani masani ne a ciki ya ƙera na'ura. Da ya murɗa maɓalli sai ta kama kakkarwa tana gunji, iska ta yage kamar tsohon zane, ƙofa ta buɗe zuwa wata duniya da ke manne da tamu amma ido ba ya ganinta. Yaron ya ce, "Kawu, ka ga inda tunanin mutanen nan ya kai? Da girgiza kawai su leƙa wata duniya." Na ce masa wannan na'ura a fim kaɗai take, amma tunanin ba baƙo ba ne a ƙasar da muke takawa. Kakannin kakanninsa sun yarda akwai wasu halittu da ke zaune tare da mu, a gindin tsamiya da kuka, a bakin tafki, a kan suri, kuma suna da abin da suke kaɗawa idan suna son su zo. Ɓarin ƙwarya ne da fatar guza da izgar doki. Goge ke nan.

Tun ranar maganar take yi mini yawo a kai. Mai fim ya ɗauka ƙarfin na'urarsa yana cikin girgizar kanta: ka dace da daidai kaɗawar da ake bukata, ƙofa ta buɗe, ko waye kai. Mutanenmu da yawa haka suke kallon gogen bori, masu tsoronsa da masu ƙaunarsa. Uwa takan ja ɗiyarta daga bakin zaure idan ta jiyo shi daga nesa, don kada sautin ya kama ta. Ni a ganina ƙarfin ba a nan yake ba, kuma gano inda yake shi ne zai nuna mana abin da muke gab da rasawa.

In faɗi matsayina tun da wuri. Ni Musulmi ne, ban yarda a yanka wa wanin Allah ko da kaza ba. Amma abin da ya rayu ɗaruruwan shekaru a tsakanin mutanenka, ya shiga harshensu har suna cewa wane "ya yi bori" idan ya tubure, ya cancanci ka zauna ka fahimce shi kafin ka yanke masa hukunci.

Wannan yanki namu yana da dalilin da ya sa goge bai yi saurin mutuwa a cikinsa ba. Dungas tana cikin tsofaffin ƙasashen Sosebaki da Damagaram ta haɗiye a ƙarni na 19, ita kuwa Damagaram Barno ta bi, ba ta taɓa shiga ƙarƙashin tutar Sakkwato ba. Yamma da mu, sarakunan Katsina da na Gobir da jihadin 1804 ya kora sun kafa Maraɗi da Tsibiri, suka tafi da al'adun fadarsu ba su rage ba. A Maraɗi Iya, a Tsibiri Inna, mata ne daga gidan sarauta, kuma su ne shugabannin 'yan borin ƙasa. Dogo-Dogo, wadda take ƙarƙashin Magarya har zuwa 2011 da aka ba Dungas gundumarta, tana dab da iyakar Jigawa. Mutanen yankin suna cin kasuwar Maigatari, suna aure ta kowane ɓangare na iyaka, wa'azin Kano yana iso su kamar yadda na Damagaram ke iso su. Goge da lasifikar masallaci sun daɗe suna jin muryar juna a nan.

Bayan kwana biyu da kallon fim ɗin nan na ɗauki yaron a babur muka tafi wani ƙauye wajen wani tsoho da na sani tun ina ƙarami, wanda ya yi shekaru yana yi wa 'yan bori goge. Mun same shi a inuwar gawo yana tufkar igiya. Da muka gaisa, na faɗi abin da ya kawo mu, ya aika jikansa ya ɗauko wani tsohon buhu daga ɗaki.

Duk wanda ya riƙe goge a hannu zai yi mamakin rashin nauyinsa. Ɓarin ƙwaryar ya yi baƙi saboda gumin hannu. An ɗame bakinsa da fatar guza, an huda rami a gefe guda don sauti ya fita. Sanda ta ratsa ƙwaryar ta fito, tsirkiyar kuwa ba zare ɗaya ba ce, tarin gashin wutsiyar doki ne aka haɗa, ta hau kan wani ɗan guntun itace da ke zaune a kan fatar. Bakan da ake gogawa da shi ma izga ce. Tsohon ya ƙwanƙwasa fatar da farce, ya girgiza kai, ya ce ta yi sanyi. Ya sa aka kawo garwashi a kasko, ya kanga fatar daga nesa yana juya ta, yana ƙwanƙwasawa, har ƙarar ta tashi daga ɗif-ɗif ta koma ƙwal-ƙwal. Sannan ya goga ƙaro a jikin bakan. Ba ya danne tsirkiyar har ta taɓa sanda, taɓa ta kawai yake da cikin yatsunsa, shi ya sa muryar goge take zamewa daga wannan amo zuwa wancan kamar muryar mutum mai kuka ko mai kira daga nesa. Gashin da ba su daidaita da juna ba su ne ke ba shi wannan dishi-dishin da ba ka samu a garaya ko gurmi.

Duk wannan ilimin kimiyya ya san shi. Ƙaro yana sa baka ya kama tsirkiya ya saki, ya kama ya saki, sau ɗaruruwa a daƙiƙa guda. Tsirkiya ta miƙa wa itace, itace ya miƙa wa fata, fata ta tura iska, iska ta kai kunne. Kunnen ɗan Adam yana jin abin da ke kaɗawa daga sau 20 zuwa kamar sau 20,000 a daƙiƙa, kuma goge yana cikin wannan iyaka daram. Gogen da ake yi wa 'yan bori da wanda ake yi a gidan biki ko a dandalin samari ƙira ɗaya ne, sau da yawa ma shi ne dai guda ɗaya a hannun mutum guda.

Na ce, "Baba, to ƙarfin a ina yake? A fata ko a tsirkiya?"

Ya yi murmushi ya ce, "Ɗana, je ka ƙofar gidan mutum ka yi ta ihu, ka ga ko zai fito. Amma yi sallama, ka kira sunansa da na ubansa."

A nan maganar take. Abin da mai goge ke kaɗawa a wasan bori take ne, kuma kowane iska da nasa. Harshen Hausa yana da hawa da sauka, goge kuwa yana iya bin wannan hawa da saukar, don haka wanda kunnensa ya saba yana jin kirari a cikin tsirkiya ko da mai gogen bai buɗe baki ba. Kamar yadda basarake yake gane takensa a bakin kakaki ko algaita tun yana cikin soro, haka aka ce iska yake gane nasa. Mai goge maroƙi ne, sai dai iyayen gidansa ba a ganinsu.

Su kuwa waɗannan iyayen gida suna da gari, Jangare, wanda ba wanda ya taɓa zuwa ya dawo ya ba da labari. Fremont Besmer, wanda ya zauna da 'yan bori da makaɗan garaya a ƙasar Kano ya fitar da littafinsa a 1983, ya tarar suna lissafa gidaje 12 a Jangare, a ƙarƙashin Sarkin Aljan Sulemanu. Duk wanda ya duba mazauna gidajen zai ga ƙasar Hausa ce aka kifa a madubi. Ga Malam Alhaji, tsohon malami, idan ya hau dokinsa ko godiyarsa, wato mutumin da iska ke hawa, sai ka ga matashiya ta ranƙwafa tana tari tana jan carbi. Ga Ɗan Galadima, ɗan sarki mai son ado da caca, mai kyauta har ya tsiyace. Ga Kuturu, wanda dokinsa ke dunƙule yatsu yana korar ƙuda. Ga Inna da Barhaza, Fulani masu nono. Ga Sarkin Rafi mai zafin jifa, wato tsalle a faɗo zaune a ƙasa, ga Kure, ga Mai Gizo, ga Nakada. Akwai Buzaye, akwai Arna, akwai maƙera da mahauta da makafi. Da Turawa suka zo, su ma aka yi musu ɗaki. Wajen 1925 aka fara ganin iskokin da ake kira Hauka ko Babule a ƙasar Kurfai, wajen Filinge, masu ƙamewa irin ta soja, masu wasa da wuta da gwarancin Faransanci, har hukumar mulkin mallaka ta kama mutanensu ta ɗaure. Jangare ba ta taɓa rufe ƙofa ba. Duk wanda ya taɓa mulkar mutanen nan, ko ya yi ciniki da su, ko ya ba su tsoro, yana da take.

Saboda haka aikin mai goge ya fi ƙarfin iya jan baka. Dole ya san wa ke gaba da wa, wane ne ɗan wane, wace ce matar wane, wa ba ya shiri da wa. Ya san wace godiya ce a cikin matan da ke zaune a tabarma take ɗauke da wane iska. Yana kaɗawa idonsa na kan fili. Ya ga ƙafar wata ta fara rawa, ko idonta ya kafe, sai ya tsaya a kan wannan take ya yi ta maimaitawa, masu ƙwarya su ƙara wuta, mai kirari ya matso kusa da kunnenta. Idan iska ya hau, aka yi masa adonsa, ya yi jifa, ya gaisa da jama'a, ya faɗi abin da zai faɗa, to mai gogen ne kuma zai raka shi har ya sauka da atishawa. Kuskuren take a irin wannan wuri abin kunya ne babba, kamar maroƙin da ya yi wa Galadima kirarin Madawaki a gaban fada.

Turawa ma sun yi wannan gardama ta fata da tsirkiya a tsakaninsu. A 1961 da 1962 wani Ba'amurke, Andrew Neher, ya yi gwaji da ganga a ɗakin bincike, ya ce bugun da ya yi kusa da saurin wasu igiyoyin lantarkin ƙwaƙwalwa, masu kaɗawa sau 8 zuwa 13 a daƙiƙa, shi ne ke jan mutum ya fita hayyacinsa. Wannan ita ce na'urar fim ɗin yaron nan a cikin rigar kimiyya, kuma ta yi farin jini ƙwarai don tana da sauƙin fahimta. A 1980 Bafaranshe Gilbert Rouget, wanda ya yi shekaru yana nazarin kiɗa a Benin, ya fitar da babban littafi kan kiɗa da hawan iska, ya rushe ta. Hujjojinsa duk wanda ya taɓa tsayawa a filin bori ya gan su da idonsa. A wata ƙasa ganga ce, a wata goge, a wata ƙararrawa, a wata tafi kawai, babu wani amo guda da ya haɗa su. Kuma ga mai gogen nan, kunnensa ya fi na kowa kusa da tsirkiya, ya kwana yana kaɗawa, bai faɗi ba. Ga 'yan kallo ɗari sun ji abin da godiya ta ji, suna ta cin gyaɗarsu. Wadda ta faɗi ita ce wadda aka yi wa girka, aka kwana da ita kwanaki ana ba ta magani ana kaɗa mata take bayan take, har jikinta ya koyi wanda yake nata.

Akwai wani ɗan gajeren fim da Jean Rouch ya ɗauka a 1971 a Simiri, cikin Zarmaganda, mai suna Tourou et Bitti. Mutanen garin suna neman iskoki su zo a yi maganar fara da ke cinye musu amfanin gona. Kwana uku ana kiɗa, makaɗan ƙwararru, gangunan na gado, ba wanda ya hau. Sai a rana ta huɗu, Rouch ya shigo fili da kyamara a kafaɗa yana ɗauka bai tsaya ba, sannan iska ya sauka, kuma Kure ne, sunan da kowane ɗan borin Hausa ya sani. Da sauti ne mabuɗi, da tun daren farko ƙofa ta buɗe.

Abin da ya fi tabbatar mini da cewa suna ne ke tafiya shi ne yadda bori ya ƙetare Sahara. Bayi da fatake da mahajjata sun tafi da shi. A. J. N. Tremearne ya tarar da Hausawa suna yin sa a Tunis da Tarabulus, ya rubuta a littafinsa na 1914. A Tunisiya har yau akwai Stambali, kuma kayan kiɗansu ba goge ba ne, wani babban molo ne mai tsirkiya uku da ƙarafan kacau-kacau. Kayan kiɗa sun sauya, harshen yau da kullum ya koma Larabci, amma a cikin waƙoƙinsu akwai ragowar kalmomin Hausa da Barbarci da jikokin ke rerawa ko ba su san ma'anarsu ba. Ƙwarya da fata an bar su a hanya. Kiran ne aka riƙe.

Malaman da suka yaƙi bori sun fahimci wannan fiye da Neher. Nana Asma'u, 'yar Shehu Usmanu, da ta ga matan karkara da waɗanda aka kamo daga Gobir suna manne da bori, ba ta tsaya ga hani kaɗai ba. Ta kafa 'yan taru, ta naɗa musu jagorori mata da ake kira jaji, ta ɗora musu malfa, irin alamar da aka san Innar Gobir da ita, ta ba su waƙoƙin addini su haddace su je su rera wa mata a ƙauyuka. Ta san mace da aka raba da taron da ake kiran sunanta a cikinsa tana bukatar wani taron. A zamaninmu kuma, tun bayan kafa Izala a Jos a 1978, da yaɗuwar ruƙiyya daga shekarun 1990, abin da ake yi wa mai aljanu shi ne a karanta masa Alƙur'ani a kunne. Alƙur'ani da kansa, a Suratul Jinni da Suratul Ahƙaf, ya ba da labarin aljanun da suka saurari karatu. Ashe ɓangarorin biyu ba su saɓa ba kan cewa waɗancan halittu suna ji. Saɓaninsu a kan me za a faɗa musu ne. Ɗan bori lallashi yake, ya ɗauki iska tamkar maƙwabcin da za a zauna da shi har mutuwa, a san abin da yake so da abin da ba ya so. Mai ruƙiyya kora yake, ya ce fita, ba ka da haƙƙi a jikin baiwar Allah. Wannan bambanci ne na aƙida, kuma ni na san ɓangaren da nake. Abin da nake ƙi shi ne a mayar da shi gardamar cewa akwai wani shaiɗani da ke kwance a cikin gashin doki.

Ba zan rufe ido ga ɓarnar da ke cikin al'adar ba, don na gan ta a gidanmu. Wata 'yar ɗan'uwana tana da shekara goma sha ta fara faɗuwa tana kumfa. Aka ce iska ne. Aka sayar da awaki biyu da buhunan gero aka yi mata girka, ta fito ta ci gaba da faɗuwa, har ta ƙone hannu a murhu. Sai da aka yi shekara biyu kafin a kai ta likita, aka ce farfaɗiya ce, aka ɗora ta kan ƙwayar da ba ta kai kuɗin ƙafar akuya ba, faɗuwar ta yi sauƙi. Tabon hannun yana nan. Haka ake yi da zazzaɓin cizon sauro da ya hau kan yaro, haka ake yi da matar da hankalinta ya gushe bayan haihuwa. Kuma a cikin 'yan bori akwai masu gaskiya a kan abin da suka gada, akwai mayaudara da suka mai da tsoron mutane gona. Amma na kuma ga matar da 'ya'yanta uku suka mutu a jere, wadda ta daina magana, ta daina cin abinci, kowa ya ce ta yi haƙuri ya wuce. A wajen girka ne aka kwana bakwai ana zaune da ita, ana shafa mata kai, ana kiran ta. Wanda zai hana ta zuwa can, wajibi ne ya tanadar mata inda za ta je a zauna da ita haka.

Yau goge yana raguwa a ƙauyukanmu, kuma ba hani ne kaɗai ke cin sa ba. 'Ya'yan masu goge sun tafi lakwal ko makarantar allo, ko cirani Kano da Agadas da Libiya, ba mai son a ce masa ɗan maroƙin bori. Tun zamanin Seyni Kountché, da ƙungiyoyin Samariya ke gasar raye-rayen gargajiya, aka fara ɗora rawar bori a dandamali, a yi jifa a tashi, jama'a su tafa. Wannan ya adana ado da rawa, amma take uku ko huɗu ne ke yawo, waɗanda suka fi daɗin kallo. A Yamai akwai cibiyar kiɗa ta Elhaji Taya da aka buɗe a 1989, tana da ɗakin ajiye kayan kiɗan gargajiya, akwai kuma cibiyoyin bincike na IRSH da CELHTO masu taskar muryoyi. Aiki ne mai kyau. Sai dai goge a cikin gilashi ƙwarya ce da fata. Kowane masassaƙi zai iya ƙera wani gobe. Abin da ba ya ƙeruwa shi ne tarin take da ke kan tsoho, da sanin gidan kowane iska da danginsa, wanda tarihin cinikinmu da bautarmu da cututtukanmu da sarakunanmu ne aka zuba a cikin amo. Mai nazarin harshe yana da bukata a ciki, don akwai tsofaffin kalmomi a kirarin iskoki da ba a jin su a ko'ina kuma. Malamin addini ma yana da bukata, don ba ka yi wa mutane magani ba ka san me suke tsoro ba.

Da la'asar ta yi, yaron ya fito da salularsa ya ce, "Baba, don Allah ka ɗan kaɗa mana in ɗauka." Tsohon ya dube ni, na ɗaga masa kai. Ya gyara zama, ya kafa ƙwaryar a cinya, ya fara wani kiɗan noma da samari ke rawa da shi a da, yaron na ta dariya yana kaɗa kai. Sai na roƙe shi ya yi mana na Ɗan Galadima. Ya yi shiru kaɗan, sannan ya ja baka. Muryar gogen ta sauya, ta yi ƙasa, ta yi ƙasaita, har wata tsohuwa da ke sussukar gero a bayan danga ta tsayar da taɓarya. Bai kai minti ɗaya ba ya ɗauke hannu.

Yaron ya ce, "Baba, ai bai ƙare ba."

Ya ce, "Jikana, ban shimfiɗa tabarma ba, ban tanadi turare ba. In ya zo, me zan ce masa?"

Ya sassauta tsirkiyar, ya goge ƙaron da ke yatsunsa a gefen riga, ya mayar da gogen cikin buhu ya miƙa wa jikansa. Can bayan danga taɓarya ta ci gaba da sauka, muka tashi neman ruwan alwala.